Bashin Gida da Jingina: Nawa Ake Karɓa, Nawa Ake Mayarwa?

Godiya ta tabbata ga Allah wanda ya azurta bayinsa da gidajen da suke samun natsuwa a cikinsu, ya halatta musu ciniki, ya tsare su daga cin dukiyar juna ba bisa haƙƙi ba. Tsira da aminci su tabbata ga shugabanmu Annabi Muhammadu, da alayensa, da sahabbansa, da waɗanda suka bi tafarkinsu har zuwa ranar sakamako.

Bayan haka, ya ku ƴan'uwa Musulmi, karatunmu na wannan wata mai alfarma ya kawo mu ƙarshen Suratul Baƙara, inda hukunce-hukuncen dukiya suka jeru bi da bi: falalar ciyarwa, sannan haramcin riba daga aya ta 275, sannan ayar bashi, wato aya ta 282 wadda babu ayar da ta kai ta tsawo cikin Alƙur'ani, sannan ayar jingina a bayanta. Tun da muka shiga waɗannan ayoyi tambayoyi suke zuwa mana daga Maraɗi da Damagaram da Tawa da Yamai, mafi yawansu daga masu albashi: malaman makaranta, da ma'aikatan lafiya, da masu ɗamara. Tambayar kusan iri ɗaya ce. Mutum ya gaji da gidan haya, banki ya ce zai ba shi bashi ya gina ko ya saya, ya jinginar da takardar gidan, a riƙa cirewa daga albashinsa shekara goma sha biyar ko ashirin. Mene ne hukunci?

Hukunci zai zo. Amma malamai suna cewa ba a yanke hukunci a kan abu sai an san siffarsa, kuma mun lura cewa da yawa daga masu tambayar ba su san adadin abin da za su biya ba. Abin da suka riƙe a kai shi ne kuɗin wata. To, mu fara da lissafi.

Kafin nan, wata ƴar faɗakarwa game da harshe. A Hausa kalmar riba tana ɗaukar ma'ana biyu. Akwai ribar ɗan kasuwa, wadda halal ce, akwai kuma ribar da Alƙur'ani ya hana, wato ƙarin da ake shar'antawa a kan bashi saboda jinkiri. Domin kada su cakuɗe, wannan ta biyun za mu riƙa kiranta kuɗin ruwa, asalin bashin kuma uwar kuɗi. Adadin kuɗi kuwa za mu faɗe shi da lissafin takarda, sefa ɗaya-ɗaya, ba da lissafin dala na kasuwa ba.

Mu ƙaddara wani ma'aikaci ya karɓi sefa miliyan 10, a kan kuɗin ruwa kashi 10 cikin 100 a shekara, zai biya cikin shekara 15. Misali ne muka ƙaga don sauƙin fahimta. Kowane banki da nasa ƙa'idodi. Mutane da yawa idan suka ji kashi 10 cikin 100 sai su ɗauka miliyan ɗaya za a ƙara, a mayar da miliyan 11. Ba haka lissafin yake ba. Kashi goman nan na kowace shekara ne, kuma ana ɗora shi a kan duk abin da ya rage na bashin, wata bayan wata. Abin da za a riƙa cirewa daga albashin wannan bawan Allah shi ne kimanin sefa 107.500 kowane wata. Watannin shekara 15 kuwa 180 ne. Idan ka buga, zai mayar da kimanin miliyan 19 da jikka 340. Ya karɓi miliyan 10, ya mayar da ita, ya ɗora wata miliyan 9 da ɗoriya a kanta. Kusan kuɗin gida biyu ya biya, gida ɗaya ya shiga.

Akwai abin da ya fi wannan ɓuya, kuma a nan muke son mai karatu ya natsu. Biyan wata ba ya canzawa, amma abin da ke cikinsa yana canzawa. A watan farko bashin yana nan cif, miliyan 10, saboda haka kuɗin ruwan wannan wata kaɗai sefa 83.300 ne. Daga 107.500 ɗin da aka cire, abin da ya taɓa uwar kuɗi bai wuce 24.200 ba. Haka wata na biyu, da na uku, sai ɗan abin da ba a rasa ba. Idan shekara ta zagayo, mutumin ya biya kusan miliyan ɗaya da jikka 290, amma bashinsa jikka 303 kawai ya ragu. Bayan shekara biyar ya zuba kusan miliyan 6 da rabi, ya je banki da tsammanin ya ci rabin hanya, sai a nuna masa takarda cewa har yanzu ana bin sa miliyan 8 da jikka 130. Ko a tsakiyar wa'adi, bayan shekara bakwai da rabi, saura kusan miliyan 6 da jikka 800. Sai an shiga shekara ta tara sannan rabon uwar kuɗi a cikin biyan wata zai rinjayi rabon ruwa.

Babu wanda ya yi masa maguɗi a wannan lissafi. Yana rubuce a jadawalin biya da banki ke bayarwa tare da yarjejeniya, shafi biyu ko uku cike da lambobi, waɗanda galibi ake naɗewa a jefa cikin akwati ba a karanta ba. Ma'anarsa dai ita ce, wanda ya kasa ci gaba a shekarun farko, saboda rashin lafiya ko rasa aiki, zai tarar cewa mafi yawan abin da ya biya ruwa ya tafi da shi.

Sai kuma maganar tsawon wa'adi. Idan mai neman bashi ya ce biyan wata ya yi masa nauyi, abin da aka saba ba shi shawara shi ne a tsawaita shekaru. Mu duba. Wannan miliyan 10 ɗin, in a shekara 10 za a biya ta, kuɗin wata kimanin 132.000 ne, jimilla miliyan 15 da jikka 860. In an kai ta shekara 20, kuɗin wata ya sauko zuwa 96.500, jimilla kuwa ta haura miliyan 23. Tsakanin shekara 15 da shekara 20, sauƙin da mutum ya samu a wata jikka 11 ne, abin da ya ƙaru a kansa a ƙarshe kuwa miliyan 3 da jikka 800, ga shekara biyar ta rayuwarsa da ya ƙara ɗaurewa. Wannan ita ce siffar da malaman tafsiri suka bayyana game da ribar Jahiliyya: ƙara mini lokaci in ƙara maka kuɗi. Sun canza mata tufafi ne kawai, sun sa mata jadawali.

Kuɗin ruwa ba shi kaɗai ne ake biya ba. Akwai kuɗin buɗe takardu. Akwai inshorar rai da banki ke shar'antawa, wadda ko da rabin kashi ɗaya cikin 100 ce ta asalin bashin a shekara, a misalinmu ta kai jikka 750 cikin shekara 15. Akwai ladan noter, jami'in da ke rubuta yarjejeniyar jingina, da kuɗin shigar da jinginar a rajistar filaye, da haraji. Wanda ba shi da cikakkiyar takardar mallaka, wadda ake kira titir fonsiye, sai takardar sayen fili kawai, to sau da yawa sai ya fara kashe kuɗi ya samo ta. Saboda haka ne a ƙasashenmu takwas masu amfani da kuɗin sefa na Afirka ta Yamma, ƙarƙashin babban bankin BCEAO, ake da wani ma'auni da ake kira TEG, wanda ke haɗa kuɗin ruwa da sauran caje-cajen da ke rataye da bashin ya fitar da kaso ɗaya. A shekarar 2014 an sa masa iyaka: kashi 15 cikin 100 ga bankuna, kashi 24 ga ƙananan asusun ba da rance. Abin da ya wuce iyakar doka laifi ne a wurin hukuma. Amma kada wani ya ɗauka abin da bai kai iyakar ba ya zama halal. Doka ta ƙayyade yawa ne, Shari'a kuwa asalin ƙarin ta hana, kaɗan ne ko mai yawa.

Haka nan a kula da yadda ake faɗin kaso. Wani zai ce maka nasa kashi 6 ne kacal, sai ka ga kamar ya fi mai kashi 10 sauƙi. Tambaye shi: a kan me ake ɗora shi? In a kan asalin kuɗin ne gaba ɗaya, kowace shekara, ba tare da la'akari da abin da ka riga ka biya ba, to kashi 6 sau 15 ya zama kashi 90, ka mayar da miliyan 19. Bambancinsa da wancan bai taka kara ya karya ba. Tambaya ɗaya ce ke warware duk wannan ruɗani: daga ranar da na sa hannu zuwa ranar da za a mayar mini da takardar gidana, nawa zai fita daga aljihuna gaba ɗaya? A rubuta maka amsar a takarda. Ayar bashi da kanta umarni ce da rubutawa, da ƙayyade ajali, da kafa shaidu, kuma ta nuna cewa wanda ake bi bashin shi ne ke shifta wa marubuci. Yaya mutum zai shifta abin da bai san adadinsa ba?

Yanzu jingina. Jingina a kan kanta halal ce, babu saɓani. Ya tabbata cewa Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya rasu sulkensa yana jingine a wurin wani Bayahude a kan sa'i talatin na sha'ir da ya karɓa domin iyalinsa. Amfaninta shi ne mai bin bashi ya samu abin da zai riƙe, in an kasa biya a sayar a cire masa haƙƙinsa, abin da ya saura a mayar wa mai shi. Wannan ne abin da ya kamata mai jinginar da gida ya sa a ransa: gidan nasa ne, amma akwai igiya a wuyansa. Idan biya ya tsaya, ana ɗora tarar jinkiri, sannan dokar kasuwanci ta OHADA, wadda Nijar ke cikinta, ta ba mai bin bashi hanyar zuwa kotu a sa gidan a gwanjo. Kowa kuwa ya san kayan gwanjo ba sa yin kuɗin kasuwa. Idan abin da aka samu bai rufe bashin ba, sauran yana nan a kan mutum, ga shi babu gida.

Tun da mun ambaci jingina, kada mutanen karkara su ce wannan magana ta masu albashi ce. Jinginar gona da aka saba, inda mai kuɗi zai ba da rance ya karɓe gona yana nomawa shekara da shekaru, sannan ranar fansa a mayar masa da kuɗinsa cif, ita ma rance ce da ta jawo amfani, kuma malamanmu na Malikiyya sun hana ta. Damman geron da ya kwasa duk shekara su ne kuɗin ruwansa, ko da bai taɓa taka ƙofar banki ba.

Akwai kuma tsadar da alƙalami ba ya kamawa. Bankuna sun saba ƙayyade abin da za a cire a wajen kashi ɗaya cikin uku na albashi. Ke nan mai biyan 107.500 albashinsa ya haura jikka 320, kuma sulusinsa ya fita daga hannunsa tsawon azumi goma sha biyar. Yaron da aka raɗa wa suna a shekarar da aka sa hannu, zai balaga ya fara azumi ana biya. A cikin waɗannan shekaru akwai shekarar fari da hatsi zai yi tsada, akwai jinyar mahaifa, da aurar da ƴaƴa, da kuɗin makaranta, wataƙila da canjin wurin aiki. Biyan banki ba ya sanin ɗaya daga cikinsu. Ana cire shi tun kafin albashi ya iso hannu. Sau da yawa daga nan ne ake komawa ga ɗan kasuwar unguwa a ci bashin shinkafa, bashi ya hau kan bashi.

Ga kuma mutuwa. Ayoyin gado a Suratun Nisa'i sun nuna ba a raba dukiya sai bayan an fitar da bashi da wasiyya, kuma haƙƙin da ya rataya da abin jingina yana gaba da kome a cikin wannan abin. An taɓa kawo gawa domin Manzon Allah ya yi mata salla, da ya ji akwai bashi a kanta kuma ba a bar abin biya ba sai ya ja da baya, har sai da Abu Ƙatada ya ɗauki nauyin biya. Ya kuma tabbata cewa shahidi ana gafarta masa zunubansa in ban da bashi. Ku dubi Zubairu ɗan Awwam, Allah ya ƙara masa yarda. A ranar yaƙin Raƙumi ya kira ɗansa Abdullahi, babban abin da ke damunsa shi ne bashin da ke kansa. Da aka lissafa sai aka samu miliyan biyu da dubu ɗari biyu, bai kuwa bar tsabar kuɗi ba sai filaye da gidaje. Abdullahi ya sayar da filin Gaba ya biya mutane, sannan ya ƙi raba gado har shekara huɗu, yana shela a lokacin aikin Hajji ko akwai sauran mai bin mahaifinsa. Wannan bashi ne na halal tsantsa, na ɗaya daga cikin goman da aka yi wa bushara da Aljanna. To, ina ga wanda kusan rabinsa kuɗin ruwa ne?

Hukuncin ke nan ya fito da kansa. Majalisar Fiƙihu ta Ƙungiyar Ƙasashen Musulmi, a zamanta na Jidda a shekarar 1990, ta duba wannan mas'ala ta kuɗin gina gidaje. Ta tabbatar cewa muhalli buƙata ce ta asali ga ɗan Adam, ta kuma yanke cewa rancen gida da kuɗin ruwa haramun ne, kaɗan ne ruwan ko mai yawa. Hadisin Jabiru kuwa ya haɗa mai cin riba, da mai bayar da ita, da marubucinta, da shaidunta biyu cikin la'ana guda. Wasu suna kafa hujja da fatawar da majalisar malaman Turai ta bayar a 1999, wadda ta yi rangwame ga Musulmin can. Wannan fatawa an gina ta ne a kan halin tsirarun Musulmi a waɗancan ƙasashe, da sharaɗin mutum ba shi da wani gida kuma babu wata hanya ta halal, kuma duk da haka malamai da yawa sun yi mata raddi. A ganinmu ba ta sauka a kan mutumin Maraɗi ko Tawa, inda ake iya sayen fili a zagaye shi, a gina ɗaki biyu a shiga.

Hanyoyin halal da majalisar ta ambata sun haɗa da rancen gwamnati marar ruwa, da sayar da ginannen gida a biya kashi-kashi, da ƙulla yarjejeniyar gini da wanda zai gina ya miƙa. Irin wannan ne bankunan Musulunci suke yi da sunan murabaha: banki ya sayi gidan ko kayan gini, ya mallake su, sannan ya sayar maka da farashi sananne, a biya cikin ajali sananne. Halal ne farashin ajali ya fi na hannu da hannu. Sai dai mu faɗi gaskiya, kada wani ya je da zaton zai samu araha: jimillar na iya kusantar ta wancan bankin. Bambancin yana cikin asalin ƙullin. A nan ciniki ne, akwai haja, mai sayarwa ya mallake ta ya ɗauki hasararta kafin ya sayar, kuma farashi in an yanke shi ya yanku, ba ya ƙaruwa don an yi jinkiri. Saboda haka mai shiga murabaha shi ma ya tambayi jimilla, ya tambaya ko bankin ya mallaki abin da yake sayarwa da gaske, ya tambayi abin da ke faruwa in an makara, da inda tarar jinkiri ke tafiya in akwai ta. In aka miƙa maka tsabar kuɗi ka mayar da fiye da su, sunan da aka rubuta a saman takarda ba ya canza hukunci.

Sai tsohuwar hanya ta iyayenmu, gini sannu-sannu. Wanda zai iya fitar da 107.500 kowane wata domin banki, in ya tara su da kansa zai haɗa miliyan 10 cikin shekara bakwai da wata tara. Za a ce ai yana biyan haya a wannan lokaci. Gaskiya ne. Mu cire masa hayar jikka 40, saura 67.500, zai kai miliyan 10 cikin shekara 12 da wata huɗu, bai kai sha biyar ba, kuma ba a bin sa ko dala. Za a ce siminti da ƙarfe suna ƙara tsada, kuɗin ajiya kuma hannu ba ya barin su. Wannan ma gaskiya ne, shi ya sa masu dabara ba sa ajiye kuɗi, suna mayar da su bulo da kwano da ƙofofi, suna shiga adashe da amintattun abokan aiki, suna tarewa da zarar ɗaki biyu da makewayi sun kammala, kuɗin haya ya koma cikin gini. Hanyar tana da wahala, tana buƙatar haƙurin uwargida da toshe kunne daga maganar mutane. Amma watan da abu ya matse, gini yana iya jira, ba ya aiko da takardar gargaɗi.

Saura wanda ya riga ya shiga. Ɗan'uwa, ƙofar tuba a buɗe take, balle a wannan wata. Ka yi nadama, ka ƙudurta ba za ka sake ba, kada kuma ka daina biya, domin daina biya tara yake jawowa da asarar gidan iyalinka, uwar kuɗin kuwa haƙƙi ce a kanka ko ta halin ƙaƙa. Abin da za ka yi shi ne gaggauta fita. Ka ɗauko jadawalin nan ka karanta, ko ka kai wa wanda ya iya lissafi. Ka tambayi banki sharaɗin biya kafin wa'adi, da ko akwai caji a kansa. A misalinmu, wanda ya samu jikka 500 a ƙarshen shekarar farko ya zuba su a kan uwar kuɗi, ya ci gaba da biyan wata yadda yake, ya rage wa kansa kimanin wata 17, ya kuma tsira daga kuɗin ruwa na kusan miliyan ɗaya da jikka 400, in ba a caje shi kome ba. Irin wannan zubi ya fi tasiri a shekarun farko, lokacin da ruwa ya fi yawa. A shekarun ƙarshe amfaninsa kaɗan ne. In kana da wani fili da kake ajiya, ko dabbobi, ko kana tara kuɗin Umra ta nafila, sauke wannan nauyi shi ne gaba. Ka kuma sanar da iyalinka adadin bashin, da inda takardu suke, ka rubuta shi cikin wasiyyarka da shaidu biyu.

Masu hali kuma, aya ta 280 ta yi umarni da jinkirta wa wanda ke cikin ƙunci, ta nuna yafewa ta fi alheri. Wanda Allah ya hore wa, ya ranta wa ɗan'uwansa kuɗin rufin ɗaki ba tare da ƙarin ko tamma ba, a rubuta, a sa ajali, a kafa shaidu.

Allah ne mafi sani. A darasi mai zuwa, in Allah ya kai mu, za mu tsaya a kan shaidu da marubuci a cikin ayar bashi, da hukuncin wanda aka kira shaida ya ƙi zuwa.